Daga Doki Zuwa Babur: Yadda Yaƙi Ya Sauya Kama a Ƙasar Hausa da Borno

Yaƙi iri biyu ƙasar Hausa da Borno suka sani tun kafin zuwan Turawa. Akwai yaƙin fito-na-fito, wanda sarki ke sa a buga tambari, ya kafa sansani a bayan gari, hakimai su hallara da jama'arsu, a ja daga a fili, kafin faɗuwar rana a san wanda ya yi rinjaye. Akwai kuma hari, wanda mahaya kaɗan ke fita cikin dare, su faɗa wa ƙauye da asuba, su kore shanu, su kama mutane, su ɓace kafin kururuwa ta isa birni. Makaɗa da marubutan tarihi sun fi kula da na farkon, domin a nan ake samun sunayen mazaje da ranakun tunawa. Na biyun ne ya fi yawa, ya fi daɗewa, kuma shi talaka ya fi sani. A cikin shekaru ɗari biyun da suka wuce, jan daga ya yi ta ƙanƙancewa, hari yana faɗaɗa, har ya zama kusan shi kaɗai ne yaƙin da ya rage a yankin.

Ƙarfin sarakunan Hausa na dā a kan doki yake. Tarihin Kano ya ce Sarki Kanajeji, wanda ya yi mulki daga 1390 zuwa 1410, shi ya kawo lifidi da sulke da kwalkwali. Ɗan lifidi, shi da dokinsa a lulluɓe da auduga ɗinkakkiya, kibiya ba ta cika ratsa shi ba, kuma idan irinsu ɗari suka yi sukuwa wuri guda, da wuya dakaru su tsaya. Amma abu ne mai tsada. Doki na bukatar dawa, da mai yankan ciyawa, da mai kula da shi, saboda haka yaƙi ya zama sana'ar masu sarauta da barorinsu, kuma manyan muƙamai irin su Madawaki da Ƙaura da Ubandawaki na jagorancin mahaya ne. Lokacinsa ma sananne ne: bayan kaka, sa'ad da rafuka suka janye, rumbuna suka cika, manomi ya sami sukunin ɗaukar baka. Da damina ta sauka kowa ya koma gona. Maganin doki kuwa ganuwa ce. Birni mai ganuwa da gonaki da kududdufai a ciki, irin Kano da Katsina, yana iya rufe ƙofofinsa ya jira har abincin mai kewaye ya ƙare.

Bindiga ta shigo da wuri, amma ta daɗe ba ta sauya komai ba. Mai Idris Alooma na Borno ya samo mata gwanaye daga Turkawa a ƙarni na 16, Babba Zaki na Kano kuma ya kafa masu gadinsa da ita a ƙarni na 18. Sai dai bindigar ɗuri ce: kafin a zuba albarushi a danna a kunna, ɗan baka ya saki kibiya da yawa masu dafi. Amfaninta mafi girma shi ne ƙara da hayaƙi da ke firgita dawaki.

Karo na farko da wannan tsari ya girgiza shi ne a Tabkin Kwatto, cikin watan Yuni na 1804. Sarkin Gobir Yunfa ya zo da barade da 'yan lifidi da taimakon Abzinawa. Jama'ar Shehu Usmanu, ƙarƙashin Abdullahi ɗan Fodiyo, ba su da dawaki sai kimanin ashirin. Yawancinsu malamai ne da makiyaya da talakawa masu baka. Suka tsaya da ƙafa, suka yi wa dawakin ruwan kibau, rundunar Gobir ta watse. Wannan nasara ba ta nuna cewa doki ya tashi aiki ba, domin a Tsuntsuwa, kafin shekarar ta fita, jama'ar Shehu sun yi mummunar asara, har da mahaddata Alƙur'ani kimanin ɗari biyu. Abin da ta nuna shi ne mutanen da ba su gaji yaƙi ba, idan suna da abin da suka yi imani da shi, suna iya karya waɗanda suka gada. Kafin Alƙalawa ta faɗi a 1808, masu jihadi sun tara nasu dawakin, sun koyi lifidi, sun zama irin rundunar da suka kayar.

A nan ne tarihin yaƙin sunƙuru na wannan ƙasa ya yi kauri. Sarakunan da aka kora ba su miƙa wuya ba. Katsinawa suka kafa Maraɗi, Gobirawa suka zauna Tsibiri, Zage-zagi suka gangara kudu suka kafa Abuja ta dā, wadda yau ake kira Suleja, Kabawa kuma suka tayar da Argungu a 1849 ƙarƙashin Yakubu Nabame. Gobirawa da Katsinawa sun gwada fito-na-fito a Gawakuke a 1836, Sarkin Musulmi Muhammadu Bello ya ragargaza su, daga nan suka fi dogara ga hari. Dajin da ke tsakanin Katsina da Zamfara da Sakkwato ya zama hanyarsu da mafakarsu, garuruwan bakinsa suka tashi, kuma tashin garuruwan ya ƙara wa dajin faɗi. Heinrich Barth, Bajamushen da aka sani da Abdulkarim, da ya ratsa dajin Gundumi a 1853, sai da ayarinsu ya yi tafiyar yini da kwana ba tare da yada zango ba, don tsoron mahara. Sunan wannan daji bai ɓace daga labaran rashin tsaro na gabashin Sakkwato ba har yau.

Ningi ta fi kowanne koyar da darasi. A wajajen 1846 wasu malamai, Malam Hamza na gaba, suka bar Tsakuwa ta ƙasar Kano saboda saɓani kan haraji, suka shiga duwatsun Ningi, suka haɗa kan Butawa da Warjawa da sauran ƙabilun wurin. Daga nan suka shafe fiye da shekara hamsin suna kai wa Kano da Bauchi da Zazzau hari. Sarkin Kano Abdullahi Maje Karofi ya ci wani babban rabo na mulkinsa yana fama da su. Matsalar ba ta yawan mayaƙa ba ce, domin Kano ta ninka su nesa ba kusa ba. Matsalar ita ce doki ba ya hawa dutse, runduna mai yawa ba ta iya daɗewa a inda babu abinci, kuma da zarar ta juya gida Ningawa sun sauko.

Maganin da Muhammadu Bello ya samo wa ciwon hari tun kafin tashin Ningi shi ne ribaɗi. Maimakon a yi ta fita yaƙin rani ana dawowa, sai a gina gari mai ganuwa a bakin iyaka, a naɗa masa shugaba, sau da yawa ɗan gidan sarauta, a zaunar da Fulani makiyaya da bayi da masu sana'a, a gina masallaci, a buɗe kasuwa, mutanen su yi noma su kuma tsare hanya. Wurno ce mafi shahara, kuma Bello da kansa ya zauna a can, a can aka binne shi a 1837. Ribaɗi bai kawar da hari ba, amma ya rage masa fili, domin ya cika dajin da mutane masu abin da za su kare. Cikin dukkan dabarun da aka gwada a wancan ƙarni, wannan ce ta fi barin alama.

A ƙarshen ƙarnin bindiga ta fara yin magana da gaske. Tanimun na Damagaram, wanda ya yi mulki daga 1851 zuwa 1884, ya sa ana haɗa albarushi ana zuba igwa a Zindar. Rabeh ya zo daga gabas da runduna ta dindindin, mai tutoci da horo da bindigogin zamani, ya rushe Kukawa a 1893, ya kawo ƙarshen mulkin da Borno ta daɗe tana taƙama da shi. Shi ma Faransawa suka kashe shi a Kusuri a watan Afrilu na 1900.

Turawan Ingila sun zo da abu biyu da suka kashe jan daga: bindiga mai ruwa ta Maksim, da tsayuwar sojoji cikin sahu mai kusurwa huɗu, kowane gefe yana fuskantar waje. Rundunar da ta ci Kano ranar 3 ga Fabrairu 1903 ba ta kai mutum dubu ba, kuma yawancin sojojinta Hausawa ne da Yarabawa, hafsoshin ne kawai Turawa. Igwa ta fasa ƙofar da aka gina don tsayar da doki. A Kwatarkwashi, ƙarshen wannan wata, sojoji ƙasa da hamsin suka tare sukuwar baraden Wazirin Kano Ahmadu sau da dama, Wazirin ya faɗi a wurin. A Sakkwato, ranar 15 ga Maris, an ja daga a filin Giginya, abin bai ɗauki rabin yini ba. Sarkin Musulmi Attahiru ya yi gabas da dubban masu hijira, aka cim masa a Burmi ranar 27 ga Yuli, ya rasu tare da ɗaruruwan mabiyansa.

Abin tambaya shi ne me ya hana sarakunan komawa ga dabarar da Ningi da Maraɗi suka daɗe suna yi musu: su bar birni, su tare hanyar 'yan dako, su ƙone abinci, su yi ta sari-ka-noƙe har damina. Ƙaramar runduna irin ta Turawan Ingila, mai dogara ga masu ɗaukar kaya a ka, za ta sha wuya ƙwarai. Amsar tana cikin yanayin sarautar kanta. Sarkin da ya bar birninsa ya bar gadonsa ga wani ɗan sarki mai jira, kuma Turawa sun gane haka, suna naɗa sabo nan take. Barde kuwa an rene shi a kan cewa gudu abin kunya ne. Waɗanda suka fi ji wa Turawa ciwo talakawa ne. A Satiru, kudu da Sakkwato, a watan Fabrairu na 1906, manoma masu fartanya da gatari suka afka wa sojojin doki kafin su gama shirya sahu, suka kashe Turawa uku da sojoji fiye da ashirin, suka ƙwace bindiga mai ruwa. Bayan wata guda aka dawo musu da runduna, sarakunan Sakkwato suna gefen Turawa, aka kashe kimanin mutum dubu biyu, aka shafe garin. A arewa ma, wani jagoran Abzinawa mai suna Kawusan ya kewaye sansanin Faransawa na Agadas daga Disamba 1916 zuwa Maris 1917 da goyon bayan Sarkin Abzin Tagama, amma zaman wuri guda ya ba Faransa damar kawo ɗauki daga Zindar, kuma ramuwar da ta biyo baya ta faɗa kan malamai da mutanen gari.

Sojan da mulkin mallaka ya bari an gina shi ne don yaƙin runduna da runduna. Ya yi yaƙi a ƙasar Burma a Yaƙin Duniya na Biyu, ya yi yaƙin basasa daga 1967 zuwa 1970, inda ake da fagen daga da garuruwan da ake ci ɗaya bayan ɗaya. Rikicin Maitatsine na Disamba 1980 ya nuna giɓin: mutane masu wuƙaƙe da kwari da baka a unguwar 'Yan Awaki sun gagari 'yan sanda, sai da aka kawo soja da manyan makamai cikin tsakiyar Kano, kuma alƙaluman hukuma suka ce mutum 4,177 suka mutu. An murƙushe su, amma ɓurɓushinsu ya sake tashi a Bulunkutu da Kaduna a 1982, da Jimeta a 1984, da Gombe a 1985.

Sabon salon ya fara bayyana sosai a Chadi. A 1987 sojojin Hissène Habré, ƙarƙashin Hassan Djamous, suka fuskanci tankokin Libiya da motocin Toyota a-kori-kura ɗauke da makaman fasa tanka da Faransa ta ba su. A Fada cikin Janairu, da Wadi Dum cikin Maris, motocin suka riƙa kutsawa tsakanin tankoki da gudu, suka tarwatsa rundunar da ta fi su kayan aiki nesa. Duk mai tayar da ƙayar baya a Sahel ya ɗauki wannan karatu. Ga kuma AK-47, bindigar da ba ta jin ƙura, yaro ma na iya koyon harba ta cikin ɗan lokaci. Yaƙe-yaƙen Chadi sun watsa ta a kasuwannin bayan fage, faɗuwar Gaddafi a 2011 ta buɗe rumbunan makaman Libiya. Fifikon da gwamnati ta riƙe tun 1903, na cewa ita kaɗai ke da bindiga mai aman wuta, ya ƙare.

Boko Haram ta bi kusan dukkan matakan cikin shekara goma. A Yulin 2009 ta tsaya fito-na-fito a Bauchi da Maiduguri, aka ragargaza ta cikin 'yan kwanaki, shugabanta Muhammad Yusuf ya mutu a hannun 'yan sanda. Da ta dawo a 2010 sai ta dawo da wani salo: mutum biyu a kan babur, su harbe ɗan sanda ko mai unguwa ko malami, su shige lungu. Ta fasa gidan yarin Bauchi a Satumba ta saki fursunoni fiye da ɗari bakwai. A 2011 ta kawo ƙunar baƙin wake, abin da ba a taɓa gani ba a Najeriya, a hedikwatar 'yan sanda ta Abuja cikin Yuni da ginin Majalisar Ɗinkin Duniya cikin Agusta. Ranar 20 ga Janairu 2012 hare-harenta a Kano suka ci rayuka kimanin 185. Wahalar soja a wannan mataki ita ce rashin sanin wa zai kama, shi ya sa aka yi ta kamun kan mai uwa da wabi, wanda ya ƙara wa ƙungiyar magoya baya. Abin da ya fitar da ita daga Maiduguri a 2013 ba tanka ba ce. Samarin unguwanni ne, 'yan kato da gora, waɗanda suka san ɗan gidan wane ne ya shiga, suka riƙa nunawa.

Korar ta daga birni ta mayar da ita Sambisa da duwatsun Gwoza, inda ta sace 'yan matan Chibok 276 a Afrilun 2014. Daga nan ta yi kuskuren da Kawusan ya yi, ta fara riƙe garuruwa: Gwoza a Agusta, Bama a Satumba, Mubi a Oktoba, Baga a Janairun 2015. Mai riƙe gari yana da adireshi, kuma a farkon 2015 sojojin Najeriya da Chadi da Nijar da Kamaru suka ƙwace yawancinsu cikin makonni, Gwoza ta dawo ranar 27 ga Maris. An yi ta shelar nasara, amma abin da ya faru shi ne yaƙin ya koma inda ƙungiyar ta fi ƙarfi: nakiya a kan hanya, kwanton ɓauna, yara mata ɗaure da bam a kasuwa da tasha.

Ɓangaren da ya ɓalle a 2016, wanda ake kira ISWAP, ya fi wayo. Ya zauna tsibiran Tafkin Chadi, ya rage kashe Musulmi farar hula, ya maida hankali kan sansanonin soja, kamar Metele a Nuwamban 2018. Yana karɓar haraji a kan kifi da tattasai da shanu, yana yanke hukunci tsakanin masunta da makiyaya. Wannan ya sa gwamnatoci cikin tsaka mai wuya. Da Nijar ta hana hawa babur da cinikin kifi da tattasai a Diffa a 2015 don toshe wa mayaƙa kuɗi, talakan da ke ci daga wannan sana'a ne ya fara jin yunwa. A 2019 sojan Najeriya ya janye ƙananan sansanoni ya tara su a manya, garuruwa irin su Bama da Monguno aka kewaye su da rami. Ganuwa ce ta dawo, sai dai ba kamar ribaɗin Bello ba, domin gonakin suna waje, kuma wanda ya fita nema ya fita daga kariya. Manoman shinkafar Zabarmari da aka yi wa yankan rago a Nuwamban 2020 a wajen ramin suke.

A arewa maso yamma abin ya ɗauki wata kama da ta fi kusa da harin ƙarni na 19. Ya faro a Zamfara wajajen 2011 daga satar shanu, da rikicin burtali da gona, da kisan ramuwa tsakanin 'yan sa-kai da Fulani, har ya zama sana'a. Babu shugaba ɗaya, babu tuta ɗaya. Dabobi ne da yawa, kowace da kacallanta, a dazuzzukan Rugu da Sububu da Kuyambana da Kamuku. Babur ya maye gurbin doki: mutum biyu ko uku a kai, yana bin hanyar da motar soja ba ta bi, man jarka ɗaya ya kai shi nesa. Mutum ya sake zama ganima, sai dai yanzu ba kasuwar bayi ake kai shi ba, waya ake bugawa a yi cinikin fansa. Ɗaliban Ƙanƙara a Disamban 2020, na Jangebe a Fabrairun 2021, da fasinjojin jirgin ƙasan Abuja zuwa Kaduna ranar 28 ga Maris 2022, duk a wannan kasuwa suka faɗa. A Satumban 2021 Zamfara ta katse layukan waya, ta rufe kasuwannin mako, ta hana sayar da mai a jarka. Dabobin suka matsa Sakkwato da Katsina da Neja, wasu suka riƙa karɓar fansa da buhunan abinci da babura.

Fifikon da ya rage wa gwamnati shi ne sama. Najeriya ta karɓi jiragen Super Tucano 12 a 2021, Nijar ta sayi jirage marasa matuƙi daga Turkiyya, kuma an kashe manyan kwamandoji da dama ta wannan hanya. Amma daga sama taron mayaƙa da taron biki kamanninsu ɗaya. Bam ɗin da ya faɗa sansanin 'yan gudun hijira na Rann a Janairun 2017 ya kashe fiye da mutum ɗari, na Tudun Biri a Disamban 2023 ya sami masu Mauludi. Wannan fifikon ma ya fara raguwa: 'yan bindiga sun harbo jirgin yaƙi a Zamfara a Yulin 2021, kuma tun ƙarshen 2024 ISWAP ta fara ɗaura abin fashewa a ƙananan jiragen ɗaukar hoto da ake saya a kasuwa tana jefa wa sansanoni.

A irin wannan yaƙi yawan gawarwakin da aka ƙirga ko garuruwan da aka ƙwato ba ya nuna wanda ke da rinjaye. A ƙauyuka da dama na Zamfara da gabashin Sakkwato da bakin Tafkin Chadi, manomi sai ya biya kuɗi kafin ya shuka, ya sake biya kafin ya girbe, kuma idan rigima ta tashi ya san wurin wanda zai kai ƙara. Wanda ke karɓar wannan kuɗi yana yanke wannan hukunci shi ke mulkin wurin, ko da tutar gwamnati tana kaɗawa a sakatariyar ƙaramar hukuma.